Tauraron da Ya Zama Tauraruwa: Tarken Hikayar Earendil a Ƙagaggun Labaran J.R.R. Tolkien

1.0 Gabatarwa

A fagen nazarin ƙagaggun labarai na Hausa an saba kiran mutumin da labari ya ginu a kansa da sunan tauraro. Wannan suna aro ne daga sararin sama, domin ana nufin shi ne ya fi sauran mutanen labarin haske. A cikin ayyukan marubucin nan na ƙasar Ingila, J.R.R. Tolkien (1892-1973), akwai wani tauraro da aron ya tabbata a kansa. Shi ne Earendil, matuƙin jirgin ruwa wanda aka ɗaga shi da jirginsa zuwa sama, da lu'ulu'u ɗaure a goshinsa, ya zama tauraruwar da ake gani da almuru ko da asuba. Tauraruwar da marubucin ya ƙaga wa wannan asali ita ce wadda Bahaushe ke kira Zara matar wata, ko kuma gamzaki idan ta fito gabanin alfijir.

Wannan maƙala za ta yi tarken hikayar tauraruwar kamar yadda ta zo a littattafan The Silmarillion (1977) da The Lord of the Rings (1954-1955). Za a fara da asalin sunan, sannan a kawo taƙaitaccen labarin domin amfanin wanda bai karanta littattafan ba, daga nan a warware jigo, a dubi aikin tauraruwar a zubin labaran, a kuma nuna wuraren da hikayar ta yi rauni. Abin da maƙalar ke son tabbatarwa shi ne, Tolkien ya yi amfani da tauraruwar wajen warware matsalar kwaɗayin mallaka, wadda ita ce ƙashin bayan labaransa. Hasken da aka yi ta zubar da jini a kansa lokacin da yake hannun mutane bai zama alheri ba sai da aka kai shi inda kowa zai gan shi, amma babu mai iya taɓa shi.

2.0 Asalin Sunan

Tolkien masanin harshe ne kafin ya zama marubucin labarai. Ya riƙe kujerar farfesan tsohon Ingilishi a Jami'ar Oxford daga 1925 zuwa 1945. Tun yana ɗalibi a wannan jami'a ya ci karo da kalmar earendel a cikin wata tsohuwar waƙar addinin Kirista mai suna Crist, wadda ke cikin kundin Exeter, rubutun hannu na ƙarni na 10. A waƙar an kira wani haske da aka aiko wa mutane da wannan suna. A wani kundin wa'azi na zamanin, wato wa'azozin Blickling, an jingina kalmar ga Yahaya Maibaftisma, a matsayinsa na mai share fage, kamar yadda gamzaki ke share wa rana fage.

Sunan ya girmi zuwan Kiristanci ƙasashen arewacin Turai. A littafin Edda wanda Snorri Sturluson na tsibirin Aislan ya rubuta wajajen shekarar 1220, an kawo almarar wani mai suna Aurvandil. Thor, abin bautarsu na tsawa, ya goyo shi a cikin kwando ya ƙetare koguna masu ƙanƙara da shi, sai ɗan yatsan ƙafarsa ɗaya ya leƙo waje ya daskare. Thor ya ɓalle yatsan ya jefa shi sama, ya zama tauraruwa. Ke nan abin da Tolkien ya gada suna ne mai daɗin ji, da 'yan ɓurɓushin almara da suka nuna cewa an taɓa danganta sunan da wata tauraruwa. Cikakken labarin kuwa ya riga ya ɓace.

A watan Satumba na 1914, makonni kaɗan bayan Ingila ta shiga Yaƙin Duniya na Ɗaya, Tolkien ya rubuta waƙa a kan wani matuƙin jirgi mai suna Earendel da ya bar duniya ya kutsa cikin sararin sama. Manazarta irin su Humphrey Carpenter (1977) da John Garth (2003) sun ɗauki wannan waƙa a matsayin tubalin farko na duniyar da ya shafe sauran rayuwarsa yana ginawa. Carpenter ya ruwaito cewa wani amininsa ya tambaye shi abin da waƙoƙin nasa na Earendel suke nufi, ya ce shi ma bai sani ba, amma zai bincika. Wannan amsa ta nuna yadda yake aiki: yakan ɗauki kansa tamkar mai tono wani daɗaɗɗen tarihi da ya ɓata. Daga baya ya shigar da sunan cikin Quenya, harshen da ya ƙirƙira, ya mayar da shi Earendil, ya ba shi ma'anar masoyin teku. A wata wasiƙa ta 1967 ya bayyana cewa ma'anar Kiristanci da tsohuwar waƙar ta ba sunan ba ta cikin abin da shi yake nufi da shi, duk da kasancewarsa mabiyin ɗariƙar Katolika.

3.0 Taƙaitaccen Labarin

A duniyar Tolkien akwai Mahalicci guda, Eru, wanda ya wakilta wasu manyan halittu da ake kira Valar su kula da duniya. Mazauninsu shi ne ƙasar Valinor, can yamma da teku. A ƙarƙashinsu akwai jinsi biyu masu muhimmanci: Elfawa, waɗanda ba sa mutuwa ta tsufa, da 'yan Adam. Elfawa sun farka ne tun kafin a yi rana da wata, abin da suka fara gani kuwa taurari ne, shi ya sa ake kiran su jama'ar taurari. A wancan lokaci hasken Valinor daga bishiyoyi biyu yake fitowa, Telperion mai hasken azurfa da Laurelin mai hasken zinariya.

Feanor, gwanin maƙeran Elfawa, ya kama hasken bishiyoyin nan ya rufe shi a cikin lu'ulu'u uku da ake kira Silmaril. Sai Morgoth, wanda ɗaya ne daga cikin Valar amma ya kangare, ya haɗa kai da wata ƙatuwar gizo-gizo mai suna Ungoliant, suka kashe bishiyoyin. Ya kashe mahaifin Feanor, ya sace lu'ulu'un, ya gudu Duniyar Tsakiya, wato ƙasashen gabas da teku, ya maƙala su a kambinsa na baƙin ƙarfe. Feanor da 'ya'yansa bakwai suka yi rantsuwa cewa za su yaƙi duk wanda ya riƙe Silmaril ya hana su, ko wane ne shi. Suka ja jama'arsu suka bi bayan Morgoth ba da yardar Valar ba, a kan hanya suka kashe 'yan uwansu Elfawa domin ƙwace jiragen ruwa. Aka rufe musu hanyar komawa Valinor.

Bayan ɗaruruwan shekaru ana yaƙi, wani ɗan Adam mai suna Beren da masoyiyarsa Luthien suka ciro lu'ulu'u ɗaya daga kambin Morgoth, domin shi ne sadakin da mahaifinta, Sarki Thingol, ya yanka. Lu'ulu'un ya ci ran Thingol a hannun maƙeran da ya sa su yi masa aiki a kansa. Ya ci ran jikansa Dior a hannun 'ya'yan Feanor. Sai Elwing 'yar Dior ta tsere da shi zuwa bakin teku, inda ta auri Earendil.

Shi Earendil ruwa biyu ne: mahaifinsa Tuor ɗan Adam ne, mahaifiyarsa Idril kuwa 'yar sarkin Elfawan birnin Gondolin ce. Yana ɗan shekara 7 Morgoth ya ci birnin da yaƙi. Da ya girma sai ya ƙera jirgi mai suna Vingilot, ya shiga neman hanyar Valinor domin ya roƙa wa jinsunan biyu afuwa da agaji, amma duhu da iska suka yi ta mayar da shi baya. Yana can a teku 'ya'yan Feanor suka auka wa garinsa, suka kama 'ya'yansa biyu, Elrond da Elros. Elwing ta faɗa teku da lu'ulu'un, sai Ulmo mai kula da ruwaye ya ɗago ta a siffar farar tsuntsuwa, ta tashi har ta iske jirgin mijinta. Da hasken lu'ulu'un ne jirgin ya ratsa duhun ya isa Valinor.

Valar suka karɓi roƙon, amma suka yanke hukunci cewa Earendil da matarsa ba za su sake taka ƙasarsu ba. Aka tsarkake jirgin, aka fitar da shi ta Ƙofar Dare zuwa sararin sama. Da mutanen Duniyar Tsakiya suka ga sabuwar tauraruwa ta fito daga yamma, sai suka sa mata suna Gil-Estel, wato tauraruwar fata. Rundunar Valinor ta zo ta karya Morgoth, a wannan yaƙi kuma Earendil ya sauko da jirginsa cikin iska ya kashe Ancalagon, mafi girman macizan wuta masu fukafukai.

4.0 Warwarar Jigo

4.1 Kwaɗayin Mallaka

Idan aka bi tarihin lu'ulu'un daga hannu zuwa hannu za a ga cewa jigon labarin bai wuce abin da Hausawa ke cewa ba, kwaɗayi mabuɗin wahala. Tun kafin a sace su, Feanor ya fara kulle su a taska, yana ƙyashin kowa ya gan su in ban da mahaifinsa da 'ya'yansa, ya manta cewa hasken da ke ciki ba shi ya yi shi ba. Da bishiyoyin suka mutu, Yavanna wadda ta shuka su ta ce za ta iya rayar da su idan aka fasa lu'ulu'un aka ba ta hasken. Feanor ya ƙi. Marubucin ya tsara abin ta yadda a daidai lokacin da yake ƙin, an riga an sace su bai sani ba. Saboda haka ƙin nasa bai canza komai a zahiri ba, amma ya tona abin da ke zuciyarsa, kuma daga wannan zuciya rantsuwar ta fito.

Daga nan lu'ulu'un ya bi ta hanyoyin da dukiya kan bi: sata, da ganima, da sadaki, da gado. Kowace hanya ta ƙare da jini. Abin lura shi ne ba miyagu kaɗai ya halaka ba. Thingol sarki ne mai hikima, Dior kuma gadon iyayensa ya riƙe, mutanen Elwing su ma sun ƙi miƙa shi ne domin suna ganin shi ne albarkar garinsu. Kowa da hujjarsa. Ta wannan hanya Tolkien ya nuna cewa fitinar tana cikin riƙon ne, ko da mai riƙon yana da gaskiya.

Lu'ulu'un ya sauya hannu ba tare da ciniki ko takobi ba a lokacin da Elwing ta kai wa mijinta, shi kuma ya ɗauke shi ya nufi inda hasken ya samo asali, domin buƙatar wasu. A nan ne ya yi aikin da bai taɓa yi ba, ya buɗe hanyar da aka rufe. Da aka kai shi sama kuwa, sai rantsuwar Feanor ta rasa abin kamawa a kansa. Marubucin ya sanya fassarar wannan al'amari a bakin Maglor, ɗaya daga cikin 'ya'yan Feanor biyu da suka rage. Da shi da wansa Maedhros suka ga tauraruwar suka gane lu'ulu'unsu ne, sai Maglor ya ce abin farin ciki ne, tunda yanzu jama'a da yawa za su ga kyansa, kuma ya kuɓuta daga dukkan sharri. Hikimar wannan tsari ita ce wanda ya kashe rayuka saboda lu'ulu'un shi ne ya fara gane cewa rasa shi hutu ne.

Ƙarshen sauran lu'ulu'un biyu ya ƙara fito da wannan ma'ana. Bayan an karya Morgoth, 'yan uwan biyu suka sace su daga sansanin rundunar Valinor, sai lu'ulu'un suka ƙone musu hannu, domin an tsarkake su tun asali ta yadda hannu mai dauɗar laifi ba zai iya riƙe su ba. Maedhros ya faɗa ramin wuta da nasa, Maglor ya jefa nasa a teku. Ɗaya a sama, ɗaya a cikin ƙasa, ɗaya a ruwa. Duka ukun sun fita daga hannun mutane, amma wanda aka bayar ne kaɗai ake ganin haskensa.

4.2 Fata da Abin da Ta Ci

Kalmar estel da ke cikin sunan tauraruwar tana buƙatar bayani. A wata muhawara da aka buga a littafin Morgoth's Ring (1993), Tolkien ya bambanta kalmomi biyu na harshen Elfawa. Amdir shi ne tsammanin alheri wanda ya dogara a kan alamun da aka gani, kamar tsammanin ruwa bayan an ga hadari. Estel kuwa dogaro ne ga nufin Mahalicci, wanda ba ya karyewa don al'amura sun munana. Tauraruwar ta fito ne a lokacin da duk biranen Elfawa suka faɗi, babu sauran wata alama ta nasara. Sai dai wannan fata ta bambanta da tsammanin warabbuka, domin kafin ta bayyana sai da wani ya ƙera jirgi, ya sha wahalar teku, aka kore shi ya sake komawa.

Haka kuma fatar ta ci wanda ya kawo ta. An ba Earendil da Elwing zaɓi su kasance cikin jinsin da suka so. Elwing ta zaɓi Elfawa, shi kuma ya bi ta saboda ita, alhali zuciyarsa tana wajen 'yan Adam, dangin mahaifinsa, kuma ya gaji da duniya. Ke nan dawwamar da ya samu ba ita ya nema ba. 'Ya'yansa kuwa sun tashi ne a hannun Maglor, ɗaya daga cikin waɗanda suka rusa garinsu. Elrond ya rayu dubban shekaru yana ganin mahaifinsa a sama ba tare da sun gana ba.

A nan hikayar ta saɓa wa zubin da mai karatun Hausa ya saba da shi a labaran tafiya neman wani abu. A Ruwan Bagaja (1934) na Abubakar Imam, tauraron ya fita neman abin da babu shi a gida, ya samo, ya komo da shi, aka ga ɗaukakarsa. Earendil kuwa ya fita ne da abin da ke gida domin ya rabu da shi, kuma bai komo ba. Irin wannan juyi ne marubucin ya maimaita a The Lord of the Rings, inda Frodo ya yi doguwar tafiya domin ya jefar da zobe. Ba abin mamaki ba ne a sami irin wannan tunani a wurin mutumin da ya halarci yaƙin Somme a Faransa a 1916, ya kuma rasa biyu daga cikin manyan aminansa uku a wannan shekara. Ya ga nasarar da waɗanda suka biya kuɗinta ba su ci moriyarta ba.

5.0 Aikin Tauraruwar a Zubin Labaran

Labaran Tolkien sun ratsa zamani uku masu tsawon dubban shekaru, tauraruwar kuwa ita ce zaren da ya ɗinke su. A zamani na biyu, ita 'yan Adam suka bi a teku har ta kai su tsibirin Numenor, inda Elros ɗan Earendil, wanda ya zaɓi zama ɗan Adam, ya zama sarki na farko. Daga zuriyarsa Aragorn ya fito, wanda sunansa na ƙuruciya shi ne Estel.

A zamani na uku, wato a The Lord of the Rings, mai karatu ya ji labarin a bakin Bilbo, tsohon Bahobite, ɗan wani jinsi na gajerun mutane manoma, wanda ya rera waƙar Earendil a gidan Elrond. Aragorn ma ya nuna masa cewa ƙarfin hali ne mutum ya tsara waƙar uba a gidan ɗansa. Wannan 'yar raha ta yi babban aiki, domin ta sa mai karatu ya gane cewa abin da yake almara ga Hobitawa, tarihin gida ne ga mai masaukinsu.

Wuri na biyu shi ne dajin Lothlorien. A daren da Frodo ya yi wa sarauniya Galadriel tayin zoben mulki, tauraruwar tana haskawa har haskenta ya faɗa kan zoben da ke yatsanta. Galadriel 'yar ƙanin Feanor ce, ta ga abin da kwaɗayi ya yi wa danginta. Ta ƙi karɓar zoben, daga baya kuma ta ba Frodo kyautar 'yar kwalba mai ɗauke da hasken tauraruwar da aka kama a ruwan marmaronta. Verlyn Flieger (1983) ta nuna yadda haske a ayyukan Tolkien yake ta rarrabuwa yana raguwa, daga bishiyoyi zuwa lu'ulu'u, zuwa tauraruwa, zuwa kwalba. Abin da za a ƙara a kan wannan shi ne, tun da ya hau sama, hasken yana raguwa ne yana kuma kusantar talaka. Ya faro daga lambun Valar ya ƙare a hannun Sam, mai aikin lambu, baran Frodo. Galadriel ta yi irin sana'ar Feanor, ta kama haske ta rufe a gilashi, amma ita bayarwa ta yi.

Da wannan kwalba ne Frodo da Sam suka fuskanci Shelob, gizo-gizon da ke tsare mashigin ƙasar Mordor, wadda 'yar Ungoliant ce. Wato ragowar hasken bishiyoyin ya sake haɗuwa da zuriyar wadda ta kashe su. Gab da wannan, Sam da kansa ya lura cewa hasken da ke hannunsu daga lu'ulu'un Beren ya fito, saboda haka su ma a cikin wancan tsohon labari suke. Duk da haka marubucin bai mayar da kwalbar laya mai maganin komai ba. A cikin kogon dutsen wuta inda aka ƙera zoben, Sam ya fito da ita ta ƙi haskawa. A nan ne kuma Frodo ya kasa jefa zoben, ya ce nasa ne, wato ya faɗa ramin da Feanor ya faɗa. Wannan iyaka da aka yi wa hasken ita ta hana labarin zama wa'azi mai sauƙi.

6.0 Raunin Hikayar

Babban raunin hikayar shi ne ba a taɓa rubuta ta cikakkiya ba. Kamar yadda ɗansa Christopher Tolkien ya nuna a kashi na biyu na The Book of Lost Tales (1984), marubucin ya tsara dogon labarin tafiye-tafiyen Earendil amma bai wuce zayyana kanun labarin ba. Abin da ke cikin The Silmarillion babi ɗaya ne, na 24, kuma rabinsa labarin yaƙi ne. An ba da roƙon da ya yi a gaban Valar, wanda shi ne ƙololuwar labarin duka, a cikin 'yan jimloli, ba a kuma ji kalmomin daga bakinsa ba. Mai karatu ya san halin Feanor da na Maglor, amma Earendil ya fi kama da alama fiye da mutum. Ana iya cewa nisan ya dace da tauraruwa, sai dai tarihin rubutun ya nuna cewa rashin kammalawa ne ya jawo shi. Hasali ma a rubuce-rubucen farko ya isa ne a makare, ya tarar da birnin Elfawa fayau babu kowa, sai wajajen 1930 aka haɗa shi da lu'ulu'un da kuma aikin roƙon afuwa.

Rauni na biyu ya shafi adalcin Valar. Sun zauna ɗaruruwan shekaru Morgoth yana halaka 'yan Adam waɗanda ba su da hannu a laifin Feanor, suna jiran ɗan aike guda da zai yi magana da yawun jinsunan biyu. Da agajin ya zo kuma, ƙarfin yaƙin ya nutsar da ƙasar da aka zo ceta a cikin teku. Labarin bai ba da gamsasshiyar amsa ga wannan ba.

Na uku shi ne saɓanin almarar da ilimin taurari. An ƙagi hikayar ne a kan shimfiɗaɗɗiyar duniya wadda jirgi zai iya kaiwa ƙarshenta ya fita ta ƙofa, alhali marubucin yana cewa duniyar tasa ita ce wannan duniya a wani zamani da ya shuɗe, Zara kuwa duniya ce mai kewaya rana. A ƙarshen shekarun 1950 ya yi yunƙurin sake fasalin samaniyar labaransa domin ta dace da ilimi, bai kuma kammala ba. Wannan yunƙuri yana cikin abubuwan da suka hana shi gama The Silmarillion kafin rasuwarsa.

7.0 Kammalawa

An ga yadda Tolkien ya tsinci kalma ɗaya a tsohuwar waƙa ya gina mata labari, da yadda labarin ya zama maganin matsalar da ta mamaye ayyukansa. Lu'ulu'un da aka kulle a taska ya jawo rantsuwa da kisan 'yan uwa har sau uku, wanda aka ɗaga sama kuwa ya shiryar da jiragen Numenor, ya kuma haskaka wa Frodo da Sam hanya. An ga kuma cewa wanda ya kai shi can ya rasa ƙasarsa da 'ya'yansa da zaɓin zuciyarsa, kuma hikayar tana da giɓi ta fuskar gina halin tauraronta da ta fuskar adalcin Valar. Sunan bai tsaya a littafi ba. A watan Maris na 2022 masana taurari suka ba da sanarwar gano wani haske ta madubin hangen nesa na Hubble, wanda suka ɗauka a lokacin shi ne tauraruwa mafi nisa da aka taɓa gani, haskenta ya yi tafiyar kimanin shekara biliyan 12.9 kafin ya iso. Suka sa mata suna Earendel, saboda tsohuwar kalmar da kuma hikayar Tolkien. Ga manazarcin adabin Hausa, wanda harshensa ke da Zara da gamzaki da kaza da 'ya'yanta, akwai fagen bincike a buɗe kan yadda sunayen taurari da ɗan abin da ya rage na labarinsu a adabin baka za su iya zama tubalan ginin ƙagaggen labari.